Ku Tambayi Malam: aikin harshe ko tarihinsa, wanne zan kama?

TAMBAYA: Assalamu alaikum Malam. Ni ɗaliba ce a ajin ƙarshe, sashen nazarin harsuna, lokacin furojet ya zo kuma sufabaiza ya ce in fara tsayar da ra'in da zan ɗora aikina a kai, ko na aikin harshe ko na tarihin harshe. Wallahi tun aji biyu ake mana lakca kan abin nan amma haddacewa kawai nake in zuba a jarrabawa in fito. Don Allah a warware min da Hausa yadda zan gane.

AMSA: Wa alaikumus salam ɗiyata, Allah ya ba da sa'a. Ba ke kaɗai ba ce, da yawa an ci kwas ɗin an wuce ba a san dawan garin ba. Abin fa tambayoyi biyu ne kawai ake yi wa harshe. Ɗaya ita ce "wannan abu me yake yi a bakin masu magana yau?" ɗayar kuma "daga ina ya fito, ya aka yi ya zama haka?"

Ta biyun ce ta riga shiga jami'a. A 1786 wani alƙalin Ingila mai suna William Jones ya yi jawabi a Kalkata ta Indiya ya ce kamannin da ke tsakanin Sanskirit, tsohon harshen Indiya, da Girkanci da Latin ya wuce a ce dace ne, dole tushensu ɗaya. Daga nan Jamusawa suka ɗauka, a 1822 Jacob Grimm ya nuna sauti ba ya canzawa haka kawai kara zube, inda Latin ke da p a farkon kalma sai ki ga Ingilishi yana da f, "pater" da "father", "piscis" da "fish", haka dai a jere. Kusan duk ƙarni na 19 in aka ce kimiyyar harshe to wannan ake nufi.

Sai Ferdinand de Saussure, mutumin Suwizalan, wanda shi ma a wannan makarantar ya tashi, ya ce a dakata. Wanda ya tarar ana tsakiyar wasan dara ai yana iya duban allo ya gane wa ke da rinjaye ba sai an ba shi labarin yadda aka fara ba, haka mai magana, bai san tarihin harshensa ba amma yana magana ba ya tuntuɓe. Shi kansa bai rubuta littafin da ake ta jingina masa ba, ya rasu a 1913, abokan aikinsa ne suka tattara rubutun ɗalibansa suka buga a 1916 (shi ya sa nake ce wa ɗalibai ku riƙa rubutu da kyau a aji, ba ku san abin da zai zama ba). A 1926 aka kafa ƙungiyar masana harshe ta birnin Firag, su Mathesius da Trubetzkoy da Jakobson, su ne suka dage kan maganar aiki. A wurinsu sauti ba ya da daraja sai in yana raba ma'ana, kamar yadda k da ƙ suka raba "baki" da "baƙi". Daga baya Michael Halliday ya faɗaɗa abin, ya ce kowace jimla aiki uku take yi lokaci guda, tana faɗin abin da ya faru, tana nuna tsakanin mai magana da mai sauraro, tana kuma ɗinke magana da abin da aka riga aka faɗa.

Gwada da kanki. "Yara sun zo jiya." "Jiya yara suka zo." "Yara ne suka zo jiya." Labari ɗaya ne amma ba za ki musanya su ba, ta farko labari kike bayarwa, ta biyu amsar "yaushe?" ce, ta uku amsar "su wa?" ce ko kuma kina gyara wa wanda ya ce manya ne suka zo. Kin ga "sun" ta koma "suka" don an ɗauko wani abu an kai gaba an haska shi. Mai nazarin aiki nan yake zama, ya tara hira ko rubutu ya duba yaushe mutane ke zaɓen wannan su bar waccan.

To amma tambaye shi me ya sa jam'in "farke" ya zama "fatake", daga ina t ta ɓullo? Me ya sa "ɓauna" ta ba da "ɓakane", "buzu" ya ba da "bugaje", me ya sa muke cewa "talaka" amma "talauci"? Babu wani aiki da wannan karkacewar take yi, ba ta sauƙaƙa wa kowa magana, yaro ma wahala take ba shi. Nan sai tarihi. Wani Bajamushe August Klingenheben ya yi bayaninsa wajen 1928, har yau da sunansa ake kiran dokar: a wani zamani baƙin da ya faɗo ƙarshen gaɓa ya yi rauni, k da g suka koma u, t ta koma r. Ke nan da can "fatke" ne da "ɓakna" da "talakci". A jam'i kuwa wasali ya shiga tsakani ya kare baƙin, shi ya sa ya tsira, wato jam'in da kike ganin ya bauɗe shi ne ma ya riƙe tsohuwar sura. Haka b da m suka koma u a karin gabas, amma karin yamma bai bi ba, har gobe akwai masu cewa "sabro" da "amre" da "zamna" inda wasu ke cewa "sauro" da "aure" da "zauna". Masu yi wa karin yamma dariya dai su sani shi ne ya fi tsufa.

Ni a ganina raba su da ake yi a aji kamar kishiyoyi ya yi yawa. Dubi "za" ta "za mu tafi", asalinta aikatau ne na tafiya, ga shi nan da ransa a "ina za ka?" da "za ni makaranta", yawan amfani da shi wajen faɗin niyya ne ya mai da shi alamar lokaci mai zuwa. Ko "kan" da "bayan" da "cikin" da "gaban", ai kai ne da baya da ciki da gaba, sassan jiki, aka yi ta nuna wuri da su har suka zama kalmomin nahawu. Wannan tarihi ne, amma aiki ne ya tuƙa shi. André Martinet na Faransa tun 1955 ya yi littafi guda kan irin wannan ta fuskar sauti, cewa canji yana fitowa ne daga ja-in-ja tsakanin son sauƙin furuci da buƙatar a fahimce ka.

Shawarata ga furojet, duba abin da ke hannunki. In hirarraki ne ko labarun jarida ko rubutun Facebook, kama na aiki. In kina da kare-karen harshe biyu ko uku da za ki jera, ko tsofaffin rubuce-rubuce, kama na tarihi, amma ki sani yana cin lokaci kuma ba a yin sa da kalma biyar.

TAMBAYA: Malam barka da aiki. Mun yi gardama da abokina, ya ce Hausa daga Larabci ta fito tunda ga littafi ga alƙali ga lokaci duk Larabci ne. Na ce a'a amma na rasa hujja.

AMSA: Barka kadai ɗan'uwa. Kai ne da gaskiya, kuma misalan da ya kawo su ne hujjarka. Ka lura "alƙali" ya shigo da "al" ɗinsa na Larabci manne a jiki, "littafi" da "lokaci" ma l ɗin farkon ragowar "al" ce, daga al-kitab da al-waƙt. Kalmar da aka gada ba ta zuwa haka, wannan alamar aro ce. In da aro yana mai da harshe ɗa, da mota da tebur sun mai da Hausa 'yar Ingilishi.

Masu nazarin tarihi ba sa kallon kalmomin addini da shari'a da boko don su ne aka fi ara, suna kallon waɗanda ba a cika ara ba, da ƙashin nahawu. A nan kam akwai dangantaka, "mutu" da "mata" na Larabci, "me" da "ma", t ta mace da ke cikin "ta" da "ita", da "ma" ta farkon "makaranta" da "mabuɗi" wadda ke cikin "maktab" da "miftah". Amma dangantakar ta 'yan kakanni ce masu nisa ƙwarai. Joseph Greenberg, wanda ya yi bincike a ƙasar Hausa a ƙarshen shekarun 1930, shi ya tsayar da rabon da ake bi yanzu a littafinsa na 1963, Hausa tana reshen Cadi, Larabci yana reshen Semitik, duka biyun a ƙarƙashin babban gidan Afro-Asiya tare da harsunan Berber da Somaliyanci da tsohon harshen Masar. 'Yan'uwan Hausa na kusa su Bole ne da Angas da Bade, harsunan Cadi sun haura 100. Ka gaya wa abokin naka Larabci ɗan baffa ne na can nesa wanda daga baya ya dawo ya zama malami.

TAMBAYA: Malam ni soshiyoloji nake karanta, mu ma ana koya mana ra'in aiki. Shi ne naku ko suna ne ya zo ɗaya?

AMSA: Akwai dangantaka a tsakani. Bronislaw Malinowski, masanin al'adun al'umma, da ya zauna a tsibiran Trobriand na tekun Fasifik lokacin yaƙin duniya na farko ya ga ba ya iya fassara maganar mutanen sai ya faɗi abin da suke yi a lokacin da suka faɗe ta, J. R. Firth na Landan ya ɗauki wannan tunanin ya shigo da shi nazarin harshe, Halliday kuma ɗalibin Firth ne. Gardamar ma iri ɗaya ce, Radcliffe-Brown yana ganin tono asalin al'ada inda babu rubutu hasashe ne kawai, Franz Boas a Amurka yana cewa ba ka fahimtar al'umma sai ka bi tarihinta ita kanta. Durkheim naku kuwa tun 1895 ya ce a nemi sanadin abu daban, a nemi aikinsa daban. Bambancin shi ne ku in kun ce aiki kuna nufin abin da ke riƙe al'umma kada ta watse, mu kuma isar da saƙo muke nufi, don haka kar ka kwashi bayanin Halliday ka zuba a jarrabawarku, malaminka ba zai ba ka maki ba.