Ku Tambaye Mu: Me Ya Haɗa Dambe da Harkar Fim?

Tambaya: Na ji ana cewa cikin waɗanda suka zuba kuɗi a damben Muhammad Ali da George Foreman har da mutumin da ya fito da fim ɗin Terminator. Gaskiya ne? Me ya haɗa kifi da kaska? (Daga wani mai karatu a Katsina)

Amsa: Gaskiya ne, Malam. Sunansa John Daly, mutumin Landan, an haife shi a 1937, ya rasu a 2008. A 1967 ya haɗa gwiwa da ɗan wasan fim David Hemmings suka kafa kamfanin Hemdale, wanda aka ƙago sunansa daga sunayensu biyu.

Ga yadda ya shiga damben. Don King, mai shirya dambe ɗan Amurka, ya samu Ali da Foreman sun sa hannu a kan alkawarin dala miliyan 5 kowannensu, alhali ba shi da kuɗin. Hemdale na cikin waɗanda suka ba da kuɗin kafin alƙalami, gwamnatin Mobutu ta Zayar (Jamhuriyar Dimokuraɗiyyar Kongo ta yanzu) kuma ta ɗauki babban nauyin. An kara a Kinshasa ran 30 ga Oktoba, 1974, Ali ya kayar da Foreman a zagaye na 8. Bayan shekara goma Hemdale ya fito da Terminator a kan kusan dala miliyan 6, sannan Platoon a 1986, wanda ya ci kyautar Oscar ta fim mafi kyau.

Abin da ya haɗa sana'o'in biyu shi ne, a kowacce kana sayar da abin da bai wanzu ba tukuna. Mai shirya dambe yana sayar wa gidajen talabijin haƙƙin nuna karawar da ba a yi ba. Furodusa yana sayar wa dillalai haƙƙin nuna fim ƙasa-ƙasa tun ba a kunna kyamara ba, ya ɗauki takardun ya kai banki a ba shi rance a kansu.

Tambaya: Wane aiki mai shirya dambe yake yi kafin ranar karawa, kuma a ina ake samun tangarɗa? (Daga wata mai karatu a Maraɗi)

Amsa: Hajiya, aikin farko shi ne yarjejeniya da 'yan damben: nawa za a biya, a wane nauyi za a kara, zagaye nawa, yau galibi 12 idan na kambu ne. Ita kanta takardar ba ta wadatar da ɗan dambe mai wayo. Sai ya ga wasiƙar banki da ke tabbatar da kuɗin yana ajiye. Daga nan sai filin wasa, da izinin hukumar damben wurin, da likitoci da motar asibiti, da inshora. Ƙungiyar da ke da kambun ita ma tana yankar nata, wajen kashi 3 cikin ɗari na ladan ɗan damben. Kada a rikita mai shiryawa da manaja: manaja na ɗan dambe ne, a ladansa yake cin kaso, shi kuwa mai shiryawa sai abin da ya rage bayan an sallami kowa. Dokar Amurka ta 2000 mai ɗauke da sunan Muhammad Ali ta raba ayyukan biyu saboda cutar da ake yi wa 'yan dambe.

Lokaci ma kaya ne na sayarwa. Da misalin ƙarfe 4 na asuba aka yi damben Kinshasa, don ya zo daidai da daren Amurka, inda mutane suka sayi tikiti suna kallo a manyan majigi. Can kuɗin yake.

Tangarɗa ta farko rauni ne. An tsara karawar ran 25 ga Satumba, sai Foreman ya samu tsaga a saman ido wajen atisaye, aka ɗage mako biyar. Kowace rana ta ɗagewa kuɗin otal ne da albashi. Bikin waƙoƙin da aka shirya don rakiyar damben kuwa bai ɗagu ba, aka yi shi a Satumba ba tare da baƙin da aka sa rai ba.

Ta biyu ta fi muni, kuma Daly ya ɗanɗana ta. A Oktoba 1994 ya shirya babban taron dambe a Hong Kong tare da Bob Arum, wani mai shirya dambe ɗan Amurka: Herbie Hide zai kare kambunsa na ƙungiyar damben duniya ta WBO da Tommy Morrison, Frank Bruno kuma zai kara da Ray Mercer. 'Yan dambe sun iso, sun gama atisaye, amma kuɗin ladansu bai shiga banki ba. Ana jajiberin karawa aka soke komai. A ganinmu laifin bai wuce ɗaya ba: an tara mutane a kan alkawarin baki, ana jiran cinikin tikiti ya cike giɓi. Fim idan kuɗi ya yanke ana iya ajiye faifan a jira. Hotunan fim ɗin da darakta Leon Gast ya ɗauka lokacin damben Kinshasa sun yi shekara 22 kafin su fito a 1996. Ɗan damben da ya yi wata biyu yana rage nauyi don dare ɗaya, ba ya ajiyuwa.