Amsa ga ɗan'uwan da majistare ya ba da umarnin ya bar filinsa

Assalamu alaikum, Malam. Na karanta tambayarka cewa an kai ka kotun majistare da tuhumar shiga filin wani, kuma tun kafin a saurare ka aka ba da umarnin ka tsayar da gini ka fita, alhali takardar mallaka ta gwamna tana hannunka. Wallahi na ji kamar labarina kake bayarwa, domin haka aka yi mini a nan Gombe.

Mutumin da ya kai ni, wanda muke sallah a sahu ɗaya da shi, ya san rigimar mallaka ce, amma ya bi ta ofishin 'yan sanda ya mayar da ita laifi. Ranar da aka zo da umarnin, magina sun riga sun kwaɓa siminti, ina tsaye ina kallo aka kore su, kwaɓin ya bushe a ƙasa, shi kuwa yana cikin motarsa bai ko sauke gilashi ba. Har yau idan na tuna fuskar ɗana da ya kawo mini abinci wurin, zuciyata takan yi nauyi.

Lauyana ne ya nuna mini cewa sashe na 39 na Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ya keɓe wa Babbar Kotu shari'ar filin da gwamna ya ba da takardarsa, saboda haka majistare yana iya sauraron tuhumar laifi, amma ba shi da hurumin cewa filin na wane ne. Ba ɗaukaka ƙara muka yi ba. Mun roƙi Babbar Kotun Jiha, bisa ikon sa ido da sashe na 272 na Tsarin Mulkin 1999 ya ba ta, ta janyo umarnin gabanta ta soke shi, abin da lauyoyi ke kira satiyorari, muka haɗa da hujjar cewa an hana ni sauraro, wanda sashe na 36 na Tsarin Mulkin ya wajabta.

Ka je wurin rajistaran kotun majistaren gobe ka nemi kwafin umarnin mai hatimi, domin a nan na sha wuya, kullum a ce mini ba a gama bugawa ba, ga shi lauya ya ce wata uku ne wa'adin shigar da buƙatar a Babbar Kotu. Sai alƙali ya ba da izini tukuna a shigar da buƙatar, kuma ka tabbata lauyanka ya roƙi a dakatar da shari'ar da ke gaban majistare a lokacin, don izinin kaɗai ba ya dakatar da ita. Ina roƙonka kada ka koma filin kafin a soke umarnin, ko da kana ganin zalunci ne, kuma kada ka fasa zuwa zaman majistaren, don kada a soke belinka. Umarnin da aka ba da a kaina an soke shi, amma mutumin har yanzu bai biya ni simintin ba.