Me ya sa mutanen tsoffin finafinan Faransa ke tafiya kamar ana korarsu?

Tambaya: Na kalli wasu gajerun finafinan Faransa marasa magana a YouTube. Labarin na ban tausayi ne, amma saurin 'yan wasan ya mayar da shi abin dariya. Haka suke wasa a da? Kuma me ke sa hoton ya koma shuɗi a wasu wurare?
Mai karatu, daga Katsina

Amsa: Malam, laifin ba na 'yan wasa ba ne. Kyamarar wancan zamani da hannu ake murɗa ta. Mai ɗauka yakan juya mariƙin sau biyu a daƙiƙa, kowane juyi hoto takwas, ke nan wajen hoto 16 a daƙiƙa. Da fim mai sauti ya shigo a ƙarshen shekarun 1920, sai aka tsayar da 24. Duk wanda ya kwafi tsohon fim a kan 24 ya ƙara masa rabin gudunsa. Faifai mai tsawon mita 300, wanda ya kamata ya ci kusan minti 16, sai ya ƙare a minti 11.

Ɓarnar ta fi fitowa a fim irin L'Assassinat du duc de Guise (wato kisan basaraken Guise) na 1908, wanda kamfanin Le Film d'Art ya yi da 'yan wasan gidan wasan kwaikwayo na Comédie-Française da ke Paris, mai tsara kiɗa Camille Saint-Saëns kuma ya rubuta masa kiɗa na musamman. A gaggauta shi, kisan basaraken ya zama kamar wasan yara, kiɗan kuma ya saɓa da hoto.

Maganin a wayarka: ka rage gudun bidiyon zuwa 0.75, wato hoto 18 a daƙiƙa. Sai dai ka lura da tafiyar mutane tukuna, domin wasu kwafin an riga an gyara su, kuma hannun masu ɗauka bai taɓa zama ɗaya ba.

Shuɗin kuwa rini ne. Fim ɗin lokacin yana buƙatar haske sosai, don haka da rana ake ɗaukar fitowar dare, sannan a tsoma wannan yanki a ruwan rini, kamar yadda marini ke tsoma zane a karofi. Shuɗi dare ne, ja gobara, ruwan ɗorawa kuma sau da yawa ɗaki ne mai fitila. In ka ci karo da kwafin da aka yi baƙi da fari, za ka ga ɓarawo yana lallaɓe da fitila a hannu da rana tsaka.