Ƙanina ya yi wata 14 a tsare ana jiran shawarar ma'aikatar shari'a, zan iya maka lauyan gwamnati a kotu?

Wa'alaikumus salam Malama, Allah ya kawo masa mafita. Yadda na fahimci saƙonki, an kama ƙaninki bisa zargin fashi da makami bayan rigima kan babur, majistare ya tura shi ajiya gidan gyaran hali, kuma duk ranar zama sai ɗan sanda mai gabatar da ƙara ya miƙe ya ce shawarar ko a gurfanar da shi ko a sake shi ba ta fito daga ma'aikatar shari'a ba, a sa wata rana, ku kama hanyar gida. Ɓangarenki kaɗai na ji, to ki ɗauki maganata da wannan sharaɗin.

Wanda ya gaya miki in mutum ya wuce wata biyu a tsare dole a sake shi, rabin magana ya faɗa miki. Eh sashe na 35(4) na kundin tsarin mulkin 1999 ya ce wanda ke tsare in ba a yi masa shari'a cikin wata biyu ba a sake shi, ko da sharaɗi ko babu. Amma a wannan sashen dai, ƙaramin sashe na 7 ya cire wanda ake zargi da laifin da hukuncinsa kisa ne, kuma fashi da makami yana ciki. Shi majistaren ma ba shi da hurumin sauraron irin wannan ƙara, ajiye shi kawai yake yi, kuma Kotun Ƙoli a shari'ar Lufadeju da Johnson ta 2007 ta ce irin wannan ajiya ba ta saɓa wa tsarin mulki ba.

Sai batun kai ƙarar lauyan gwamnati ya biya diyya. Gaskiya ba zan ba ki wannan shawarar ba. Lauyan nan da sunan Antoni Janar na jiha, wato babban lauyan gwamnatin jiha, yake aiki, sashe na 211 kuma ya ba Antoni Janar ɗin ikon shigar da ƙarar laifi, ko karɓe ta daga hannun wani, ko janye ta. A shari'ar Ilori ta 1983 Kotun Ƙoli ta nuna cewa kotu ba ta tuhumarsa kan yadda ya yi amfani da ikon janye ƙara, wanda ya naɗa shi da idon jama'a su ne abin tsoronsa. Diyyar da kike ji tana sashe na 35(6), ta wanda aka tsare ba bisa ƙa'ida ba ce, ƙaninki kuwa da umarnin kotu yake ciki, nan lauyoyin gwamnati za su laɓe. Ba na ce ba a taɓa cin irin wannan ƙara ba, ana ci, amma hukuma ake kai ƙara ba ma'aikaci guda ba, kuma ko kin ci fitar da kuɗin daga asusun gwamnati wata shari'ar ce daban, ita ma sau da yawa sai an nemi amincewar Antoni Janar ɗin. Duk tsawon wannan lokacin yaron yana ciki.

Wannan ba ya nufin suna da gaskiya. Wata 14 ba tare da an shigar da tuhuma ba abin takaici ne, kuma ni abin yana ci mini rai don doka ba ta yi shiru ba. Dokar gudanar da shari'ar laifuka ta tarayya ta 2015 a sashe na 376 ta ba da kwana 14 a fitar da shawara daga ranar da fayil ya iso, sashe na 296 kuma ya ce ajiya kwana 14 ce, in za a ƙara sai da dalili, in abin ya ja kotu ta kira hukuma ta bayyana me ya sa ba za a saki mutum ba. Jihohi suna da tasu dokar mai kama da wannan, adadin kwanakin yana iya bambanta, sai lauyanku ya duba ta jiharku.

Kafin komai a gano ina fayil ɗin yake. Kin ɗora laifin duka kan lauyan gwamnati, alhali sau da yawa in aka bi sawu sai a tarar 'yan sanda ba su ma aika kundin binciken ba, yana nan cikin durowa, ɗan sandan da ya yi binciken an yi masa canjin wurin aiki. Sai lauyanku ya karɓi lambar ƙara da kwafin umarnin ajiya a rajistara, ya rubuta wa ofishin DPP, wato daraktan gabatar da ƙararrakin laifuka na ma'aikatar shari'a, a buga masa hatimin karɓa da kwanan wata a kwafinsa. Sannan ya nemi beli a babbar kotu yana kafa hujja da jinkirin da kuma sashe na 36(4) da ya ce a saurari mutum cikin lokacin da ya dace. Beli a irin wannan laifi sai da dalili na musamman, ba tabbas, amma neman yana tilasta wa lauyoyin gwamnati su zo su yi wa alƙali bayani. Ki shirya zuciyarki kuma, shawarar tana iya fitowa ta ce a sake shi ko a rage tuhumar, tana kuma iya cewa a gurfanar da shi. In kuɗin lauya ya gagara akwai Legal Aid Council, hukumar gwamnati da ke ba marasa hali lauya kyauta, sannan a roƙi jami'in walwala na gidan ya sa sunansa a jerin da za a nuna wa Babban Jojin jiha in ya zo ziyara.

Tunda kin ce asalin abin rigimar babur ce tsakanin mutanen da suka san juna, ni da sulhu zan fara. Manya su zauna da mai ƙorafin, in ya yarda ya rubuta wa Antoni Janar ainihin abin da ya faru da rantsuwar kotu. Amma kar ki ɗauka yafewarsa ta kashe magana, ƙarar ta gwamnati ce ba tasa ba, takardar tasa dubawa kawai za a yi. Kar a matsa masa ko a tsorata shi, kuma duk wanda ya ce ki kawo kuɗi ya ciro miki fayil ki rabu da shi, hakan zai iya jawo miki tuhuma ke ma. Ki turo mini kwafin umarnin ajiyar da ranar zama na gaba in duba.