Amsa ga ƙanwarmu mai tambaya kan maigidanta tsohon soja da tramol

Salamu alaikum 'yan uwa. Ƙanwata, tun jiya da dare na ga tambayarki na kasa wucewa. Kin ce maigidanki ya bar aikin soja bayan raunin da ya samu a ƙafa, yau shekara biyu ke nan, ba ya barci sai ya sha tramol, kuɗin cefane can suke tafiya, abu kaɗan sai faɗa, kuma dangi sun rabu biyu, wasu na cewa a kai shi gidan malam a ɗaure, wasu na cewa ki kwashi 'ya'yanki ki koma gidanku. To ni ba likita ba ne, amma na sa kaki shekara 11, na kuma sha ƙwayar nan wajen shekara 4, don haka abin da zan gaya miki a jikina na gan shi.

Ni a Diffa na fara. An tura mu misiyo can a 2015, bayan Boko Haram sun faɗa wa Bosso da Diffa a watan Fabrairu. Wanda bai kwana gadi bakin Komadugu ba ba zai gane ba, ga sauro, ga sanyin asuba, ga kunnenka kullum a miƙe, ciyawa ta motsa sai gabanka ya faɗi, ka yi kwana uku barcin da ka samu bai kai awa biyar ba. A nan wani abokin aiki ya jefa mini tramol cikin shayi ya ce maganin gajiya ne. Kuma wallahi ranar farko na ji kamar an sauke mini buhun siminti daga kafaɗa. Babu wanda ya ɗauke ta a matsayin shaye-shaye, ai ita ce dai wadda 'yan kabu-kabu da magina da 'yan garuwa ke sha nan Damagaram don su jure wahala. A watan Afrilu na shekarar aka kashe sojoji sama da 40 a tsibirin Karamga cikin tafkin Chadi, akwai wanda muka yi horo tare a cikinsu. A Yunin 2016 aka sake faɗa wa Bosso. Daga baya ga harin Inates a Disamban 2019, an kashe sojoji 71, ga Chinagodrar wata guda bayan nan, 89. Mutane suna jin lissafin waɗanda suka rasu su yi addu'a, Allah Ya gafarta musu, amma bayan kowane lissafi akwai waɗanda suka tsira, su suka ɗauki gawar, su suka dawo gida da abin a ka, kuma su ba a ƙirga su.

Ni mota ce ta kife da mu, bayana ya taɓu. Likita ya rubuta mini tramadol na gaskiya, wato tramol ta asibiti, mai miligiram 50, na 'yan kwanaki. Da ordonas ta ƙare ciwo bai ƙare ba sai na koma ta bakin hanya. Ki riƙe wannan don za ki buƙace shi: wadda ake ba da ita a parmasi galibi mai 50 ce ko 100, kuma ko asibiti ba a wuce 400 a yini ɗaya ga babban mutum. Ta masu tebur da masu yawo da ita a kwali kuwa mai 120 ce, 200, 225, har 250, ba ka ma san me aka zuba ciki ba. Mutum ya haɗiye uku masu 200 ya riga ya zarce iyaka da nisa. Ni na kai inda nake shan biyar kafin azahar, kuma ba don in ji daɗi ba, daɗin tun watannin farko ya gudu, don kawai in iya tashi tsaye in gaisa da mutane.

Ruwa ba ya tsami banza ƙanwata. Kafin ki yi yaƙi da ƙwayar ki gano abin da take rufewa. A wajena abu uku ne, ciwon baya, rashin barci, da tsoron da ba zan iya faɗa wa kowa ba. Na dawo gida amma kaina yana can. In taya ta fashe a kwalta sai in tsinci kaina a ƙasa. Ba na shiga Kasuwar Dole ranar Alhamis saboda cunkoso, a masallaci sai sahun baya kusa da ƙofa, bayana jikin bango. Mafi muni ranar layya, kin san yadda muke banƙare raguna a jera su kewaye da wuta, to warin nan na ƙuna, shekarar farko amai na yi ta yi a bayan gida na kulle kaina a ɗaki har dare, 'yan uwa na cewa girman kai ne ya hana ni fitowa. Mafarki kuma kusan ɗaya ne kullum, in farka jiƙe sharkaf da zufa ina laluben bindigar da ba ta nan.

Wannan abin yana da suna wajen likitoci, ciwon firgici ne da ke bin wanda ya ga tashin hankali, a Amurka tun 1980 suka sa shi cikin littafin cututtukansu bayan abin da suka gani ga sojojinsu da suka dawo daga Biyetnam. Ashe ba mu kaɗai ba ne. Amma nan garin me ake cewa? Wai ya zare, wai alhakin jini ne ke bin shi, wai jifa aka yi masa, wai aljanun daji ya kwaso. Maganar alhakin jini ɗin nan ta fi komai yi mini ciwo, don ni kaina ina tambayar kaina haka cikin dare, sai kuma ka ji ta daga bakin gwaggonka. Don Allah ki hana a faɗe ta a gabansa.

Batun ɗaurewa. An yi mini. Kawuna da yayyena suka kai ni wajen wani malami a wani ƙauye, da kyakkyawar niyya, ban riƙe su a zuci ba. Mari a ƙafa, rubutu safe da yamma, ƙwaya kuma an yanke ta rana ɗaya. Kwana na biyu jikina ya fara, zawo, amai, hamma da hawaye ba dalili, ƙasusuwa kamar ana sara da gatari, ƙafafu ba sa tsayawa wuri ɗaya, ga wani abu kamar lantarki na wucewa cikin kai. Su suka ce aljanin ne ke fita. Ni kuwa da D5 nake haɗawa don in samu barci, wato diyazefam, kuma ita in jiki ya saba aka tsayar da ita farat ɗaya tana iya kawo farfaɗiya har ta kashe mutum, haka ma giya ga wanda ya daɗe yana sha kullum. Na faɗi a can, Allah ne Ya yi da sauran kwana. Na yi kwana 40, ranar da aka sake ni kafin in iso gida na tsaya tasha na saya. Tsugune ba ta ƙare ba, sai ma ƙarin mafarki ɗaya, na mari. Ki duba mana, mutumin da tsoronsa shi ne a kama shi a ɗaure, shi aka ɗaure. Ba ina hana addu'a ba ne, ni ma ita ta riƙe ni, limamin unguwarmu ya zauna da ni sau da yawa yana yi mini tofi yana saurarena ba tare da ya ce mini ɗan wuta ba. A yi ruƙiyya, a sha rubutu, amma a gida, kuma tare da asibiti.

Abin da ya yi mini aiki a ƙarshe, sashen masu ciwon ƙwaƙwalwa na babban asibiti na nan Zinder. Na san abin da za ki ce, ba zai yarda ba, zai ce shi ba mahaukaci ba ne. Ni ma haka na ce. Matata ba ta ce mini mu je a raba ka da ƙwaya ba, cewa ta yi mu je a duba bayan nan da rashin barcin nan, kuma ba ƙarya ta yi ba. Daga nan aka tura mu inda ya dace. Ki bi ta ƙafar tasa, ita ce ƙofar da ba ta da kunya. In kun je a gaya wa likita gaskiya duka, guda nawa a yini, mai lamba nawa, da me ake haɗawa, wiwi ne, D5 ne, ekzol ne, siro ne, giya ce. Ki tsinci fankon katin ki tafi da shi. Dalili, wasu magungunan damuwa ba sa jituwa da tramol, in aka haɗa ba a sani ba suna iya tayar da farfaɗiya. Ni rage mini aka dinga yi kaɗan-kaɗan, mako bayan mako, ƙwayar tana hannun matata ita ke ba ni a kan lokaci, aka kuma nema wa bayan wata hanya, motsa jiki da magani marar sa maye. Ya ɗauke ni watanni. Na koma sau biyu, na biyun bayan rasuwar wani abokina. In hakan ta faru kada ki ce aikin ya lalace, amma ki sani lokacin ya fi haɗari, don jiki ya riga ya sauka, in ya sha adadin da ya saba a da yana iya tafiya da shi.

Abubuwan gaggawa, ki haddace su. In ya faɗi yana karkarwa kada a cusa masa cokali a baki, kada a ɗura ruwa ko madara ko manja, a janye abin da zai buge, in ta lafa a kwantar da shi a gefe a nufi asibiti. In kika ga barci mai nauyi, kin kira kin girgiza bai tashi ba, numfashi a hankali ko wani irin minshari, leɓe ya canza launi, kada ki ce bari ya huce zuwa safe, ki nemi adaidaita ko motar maƙwabci nan take. In yana cikin mafarki kada ki taɓa shi, ki tsaya nesa ki kira sunansa ki kunna fitila, ni na taɓa shaƙe matata ban sani ba, har yau in na tuna kunya nake ji. In kuma ya fara cewa gara ma ya bi abokansa, ko kun fi hutawa in ba shi, ki tambaye shi kai tsaye ko yana tunanin kashe kansa, tambayar ba ta sa mutum ya yi, ki kawar da wuƙa da igiya da maganin ƙwari da tarin ƙwayoyi, ki gaya wa babban da yake jin nauyi, kada a bar shi shi kaɗai.

Kan tafiya gida kuwa ba zan ce miki ki yi haƙuri ki zauna ko ta halin ƙaƙa ba. In ya kai ga duka, ke ko yara, ki tafi gidanku, daga can ma ana taimakon mutum. Matata ta yi wata biyu a gidansu a Zango kuma daidai ta yi, ita ce ma ta farkar da ni. In bai kai nan ba, to a gyara maganar kuɗi, ranar da pansiyo ko wani abu ya shigo a sayi hatsi da shinkafa da mai a biya kuɗin lakwal tun kafin ya kwana a aljihu, ki sa yayansa ko mahaifiyarsa cikin maganar don kada ta zama ke da shi. Kuma kada ki yi masa wa'azi yana cikin maye ko yana cikin ƙishirwarta, da hantsi bayan ya ci abinci ya fi.

Akwai abin da asibiti ba ya bayarwa. Soja ya saba a tashe shi da asuba, a ce masa je ka can, yana da mutane goma da za su mutu dominsa. Rana ɗaya sai ya zama mutumin da ke zaune ƙofar gida yana kallon awaki, yaran fada na kiran shi kafaran suna dariya, kuma a fadar nan ƙwayar take. Zaman banzan nan ya kusa kai ni ƙasa fiye da ciwon bayan. Na yi gadin dare a wani shago, ya ƙara lalata mini barci, ban ba shi shawarar ya yi shi ba. Lambu ne ya karɓe ni, wajen Mirya, salati da tumatir da albasa, ka gaji gajiya ta gaskiya ka dawo ka kwanta. Shi da yake ƙafa ce ko tebur ne ko kiwon tumaki biyu a gida, abin da zai sa wani ya jira shi da safe dai.

Sai kuma 'yan uwansa sojoji. Akwai abin da ba zai taɓa gaya miki ba, ba don bai yarda da ke ba, so yake ki ci gaba da kallon shi yadda kika san shi. Ni sai da na zauna da wani tsohon sarja da ya yi Bosso, ya ce mini shi ma ba ya tsayawa wajen gashin layya, sannan bakina ya buɗe, na yi kuka kamar yaro a gabansa. Yanzu mu shida ne muke haɗuwa daren Juma'a bayan isha'i, wani lokaci ba ma a tayar da zancen daji, ƙwallo ne da tsadar masara. In kina so ki sa yayansa ya yi mini magana ta akwatin sirri, ni zan je in same shi da kaina in ce masa tsofaffin 'yan Diffa ne ke shan shayi. Shayin namu ba komai a ciki sai sukari da na'ana'a.