Tambaya da Amsa: Katako, Takarda da Girgizar Ƙasa a Gine-ginen Japan

Tambaya: Assalamu alaikum, Malam. Ni ɗalibi ne mai koyon zanen gine-gine. Na ga hotunan tsofaffin gidajen Japan, sai na tarar duk na katako ne, ƙofofinsu kuma na takarda. A ƙasar da girgizar ƙasa ta yi yawa, me ya hana su yin gini da dutse, kuma yaya aka yi waɗannan gidaje suke tsayawa?

Amsa: Wa alaikumus salam. Abu na farko shi ne wadatar itace, domin kusan kashi biyu cikin uku na ƙasar Japan daji ne, ga irin itatuwan da ake kira hinoki da sugi, masu miƙewa sambal da jure ruɓewa. Abu na biyu shi ne yanayi. Lokacin zafi a can yana zuwa da gumi da danshi mai tsanani, saboda haka magina suka fi damuwa da yadda iska za ta ratsa gida fiye da yadda za a tare sanyi. Shi ya sa ake ɗaga daɓen gida sama da ƙasa, ake kuma miƙa bakin rufi ya fito sosai, ya yi inuwa, ya kare katako daga ruwan sama.

A irin wannan gini ginshiƙai da katakan da aka gitta a kansu ne ke ɗauke da nauyin rufi, bango bai ɗauki komai ba, don haka ana iya mayar da shi abin turawa. Shoji shi ne sassaƙaƙƙen katako da aka manna wa farar takarda, haske yana shiga ta cikinta a tausashe, fusuma kuwa mai kauri ne, shi ke raba ɗaki da ɗaki, idan an yi baƙi sai a zare shi, ɗakuna biyu su zama ɗaya. Hatta girman ɗaki da tabarmar tatami ake auna shi, wadda faɗinta kusan santimita 90 ne, tsawonta kusan 180, sai ka ji an ce ɗaki mai tabarma shida ko takwas.

Game da girgizar ƙasa, dabarar kafintocinsu ita ce gini ya yi lilo maimakon ya cije. Sukan sassaƙa bakin katako ya shige cikin ɗan'uwansa ya kulle ba tare da dogaro da ƙusa ba, ginshiƙan kuma a kan duwatsu ake ɗora su, ta yadda idan ƙasa ta motsa mahaɗan za su ɗan saki su sake kamawa. Hasumiyar katako mai hawa biyar ta wurin bautar Horyu-ji da ke yankin Nara, mai tsawon kusan mita 32, ta haura shekara 1,300 a tsaye. Kowane hawa nata an ɗora shi ne a kan na ƙasa ba tare da an ɗaure su tamau ba, a tsakiya kuma akwai dogon ginshiƙi da ake kira shinbashira. Da aka zo gina hasumiyar Tokyo Skytree mai tsawon mita 634, wadda aka buɗe a 2012, injiniyoyi sun sa mata ginshiƙin kankare a tsakiya domin rage lilo, suka kuma ara masa wannan tsohon suna.

Sai dai ina jan hankalinka, ɗalibi, kada sha'awar abin ta rufe maka ido. A girgizar Kanto (yankin Tokyo) ta 1923 mutane fiye da 100,000 suka mutu, akasarinsu kuwa gobarar da ta cinye unguwannin katako ce ta hallaka su. A ta Kobe, ranar 17 ga Janairun 1995, an rasa rayuka sama da 6,000, kuma da yawa tsofaffin gidaje ne suka danne su, domin an yi musu rufin gasasshen yumɓu mai nauyi saboda guguwa, ginshiƙan suka kasa riƙe shi. Gine-ginen da suka bi dokar gini da aka tsaurara a 1981 sun fi tsira nesa ba kusa ba.

Tambaya: Malam, shin gaskiya ne Japanawa na rushe gini su sake shi duk bayan shekara ashirin? In ji wata mai karatu.

Amsa: Malama, abubuwa biyu ne aka cakuɗa a maganar. Wurin bautar Ise, mafi daraja a addinin Shinto, shi ake sake ginawa duk shekara 20, al'adar da ta faro tun shekarar 690. Akwai filaye biyu a jere, ana kammala sabon a ɗaya sannan a kwance tsohon, a raba katakansa ga wasu wuraren bauta. An yi karo na 62 a 2013, na gaba kuma ana sa ransa a 2033. Amfanin wannan a fili yake, domin wanda ya yi aikin yana yaron kafinta zai sake yinsa yana maigida, sana'ar ba ta mutuwa.

Gidajen zama kuwa batun kasuwa da haraji ne. Dokar haraji tana ƙaddara cewa darajar gidan katako takan ƙare cikin shekara 22, don haka mai sayen tsohon gida, filin kawai yake saye, sau da yawa ya rushe abin da ke kai ya gina nasa. Wannan ya ba matasan masu zane damar gwada fasaharsu, amma a ganina ɓarnar ta yi yawa, musamman da ƙidayar gwamnati ta 2023 ta nuna akwai gidaje kusan miliyan 9 da babu kowa a ciki.

Tambaya: Masu zanen zamani na Japan da suka koma siminti, ba su yi watsi da gadonsu ba kuwa?

Amsa: Dubi gidan Azuma da Tadao Ando ya gina a unguwar Sumiyoshi ta Osaka a 1976. Fili ne siriri a tsakanin tsofaffin gidaje, ya zuba masa kankare, ko taga ɗaya babu ta wajen titi, sannan ya kasa shi uku ya bar kason tsakiya a buɗe, babu rufi. Haske da iska daga nan suke shiga, kamar yadda ƙaramin lambun tsakar gida yake yi a tsofaffin gidajen 'yan kasuwar Kyoto, amma idan ana ruwa sai mai gida ya ɗauki laima kafin ya tsallaka zuwa banɗaki. An soki Ando a kan haka, ni ma ba zan ce sukar ba ta da tushe ba. Wasu kuma kayan gargajiyar suka koma wa kai tsaye: Shigeru Ban ya yi wa waɗanda girgizar Kobe ta raba da muhallinsu matsuguni da bututun takarda, Kengo Kuma kuwa ya yi amfani da katako daga dukkan larduna 47 na ƙasar a babban filin wasa na Tokyo da aka kammala a 2019.