Kun Tambaya, Mun Amsa: Wai ta yaya aka yi kunnen doki sau biyu kuma aka ba Ingila kofi?

TAMBAYA: Salam Malam. Ni direba ne a Dubai, ɗakinmu mu shida ne, biyu 'yan Indiya biyu 'yan Pakistan sai mu biyu 'yan Najeriya. Mutanen nan ba su da hira sai ta kurket, kuma har yau in aka taɓo wasan ƙarshe na kofin duniya na 2019 sai musu ya kaure, wani ya ce ƙwace aka yi wa New Zealand wani ya ce doka ce. Da na tambaya sai suka ce min wai canjaras aka yi har sau biyu amma aka ba Ingila kofi. Don Allah Malam a fahimtar da ni, ni ko yadda ake cin maki a wasan ban sani ba, kullum sai dai in yi ta gyaɗa kai.
Daga wani mai karatu ɗan Kano mazaunin Dubai.

AMSA: Wa alaikumus salam ɗan'uwa, Allah ya ba da sa'ar nema. Abokan ɗakin naka ba su yi maka ƙarya ba, haka abin ya faru, amma kafin mu je can bari in ɗan share maka hanya don ka daina gyaɗa kan nan.

Kowane ɓangare mutum 11 ne. Ɓangare ɗaya na jifan ƙwallo yana tsare fili, ɗayan kuma na bugu da sandar katako mai faɗi, mutum biyu a lokaci guda, ɗaya a nan ɗaya a can. In mai bugu ya doki ƙwallo suka ruga suka yi musayar wuri to maki ɗaya ke nan, in ƙwallon ta gangara har ta taɓa igiyar da ta kewaye fili maki 4, in ta tsallake igiyar a sama ba ta taɓa ƙasa ba maki 6. Ana fitar da mai bugu idan an cafe ƙwallonsa a sama, ko jifa ta doki sandunan nan uku da ke tsaye a bayansa, ko an doke sandunan yana tsakiyar gudu bai kai layi ba. Jifa shida shi ake kira oba ɗaya. A kofin duniya kowane ɓangare oba 50 gare shi, wato jifa 300, in sun ƙare ko an fitar da mutum goma shi ke nan sai a juya. Wannan shi ne na yini ɗaya, akwai wani tsohon salon da ake kwana biyar ana abu ɗaya, wannan kam ba zan ɗora maka shi yau ba.

To ranar Lahadi 14 ga Yuli 2019 a filin Lord's da ke Landan, Ingila da New Zealand suka haɗu, kuma duk cikinsu babu wanda ya taɓa ɗaukar kofin. Ingila ta je wasan ƙarshe a 1979 da 1987 da 1992 duk ta dawo hannu rabbana, New Zealand kuma Ostireliya ce ta lallasa ta a na 2015. Kowa da yunwarsa ya zo.

New Zealand ta fara bugu ta tara 241, Henry Nicholls ya yi 55 Tom Latham 47. Makin ba wani mai yawa ba ne amma filin ranar ba ya ba da maki da sauƙi, da Ingila ta shigo kafin ka ce kwabo an fitar mata da mutum huɗu tana da 86 kacal. Ben Stokes da Jos Buttler ne suka tsaya suka ɗinke ɓarakar, Buttler ya yi 59 ya fita ya bar Stokes da 'yan baya waɗanda aikinsu jifa ne ba bugu ba.

Daga nan abin ya fara zama kamar almara. Ana saura oba biyu Stokes ya ɗaga ƙwallo sama, Trent Boult ya cafe ta a bakin igiya, da shi ke nan an gama da Ingila, sai ƙafarsa ta taka igiyar, maimakon fita sai aka rubuta wa Stokes 6. Oba ta ƙarshe Ingila na neman 15, Boult ɗin ne kuma mai jifa. Jifa biyu na farko ba ko maki ɗaya, na uku Stokes ya aika ta waje, 6. Na huɗu shi ne wanda abokanka ke musu a kai, ya buga suka ruga neman maki biyu, Martin Guptill ya ɗauko ƙwallo daga nesa ya wurgo, Stokes ya yi tsalle ya miƙe a ƙasa don ya kai layi, ƙwallon ta zo ta bugi sandarsa ba da saninsa ba ta gangara har igiya. Alƙalin wasa Kumar Dharmasena ɗan Siri Lanka ya ba da 6, biyu na gudu huɗu na igiya. Shi kansa Stokes yana durƙushe ya ɗaga hannu biyu alamar ban haƙuri. Saura 3 a jifa biyu, suka samu ɗaya aka fitar da Adil Rashid, suka ƙara ɗaya aka fitar da Mark Wood, 241 da 241. Stokes ya tashi da 84 ba a fitar da shi ba.

Sai aka tafi abin da suke kira supa oba, ka ɗauke shi kamar bugun fenareti a ƙwallon ƙafa, kowa jifa shida. Stokes da Buttler suka yi 15. New Zealand ta turo Jimmy Neesham da Guptill, Jofra Archer na jifa, Neesham ya maka wata 6, aka zo jifar ƙarshe suna neman 2, Guptill ya buga suka ci ɗaya, yana dawowa neman na biyu Jason Roy ya wurgo wa Buttler ya doke sanduna. 15 da 15 kuma.

A nan ne aka buɗe takardar dokar gasa, wadda ta ce in supa oba ma ta tashi canjaras to a ƙirga wanda ya fi kai ƙwallo igiya, wato masu 4 da masu 6. Ingila 26, New Zealand 17. Kofi ya tafi Ingila.

Yanzu ga amsar musun ɗakinku a nawa ganin. Ƙwace dai ba a yi ba, domin dokar nan tana rubuce tun kafin a fara gasar kuma kowa ya sa hannu, 'yan New Zealand sun shiga supa oba da sanin 16 suke buƙata ba 15 ba. Amma dokar kanta ba ta da kan gado, kamar a tashi fenareti biyar da biyar ne a ce to wanda ya fi samun bugun kwana shi ya ci. Wanda ya tara 241 da gudu ɗaya-ɗaya da wanda ya tara da manyan bugu ai duk 241 ne. Hukumar kurket ta duniya ICC ma ba ta iya kare ta ba, a watan Oktoba na shekarar ta soke ta, yanzu a wasan kusa da na ƙarshe da na ƙarshe sai a yi ta maimaita supa oba har wani ya fi wani.

TAMBAYA: Malam ina wuni. Ina karatu a Indiya, wata ƙawata ta ce wai makin nan 6 da aka ba Stokes kuskure ne 5 ya kamata, gaskiya ne ko haushin Ingila kawai take ji?
Daga wata ɗaliba 'yar Zariya.

AMSA: Lafiya lau ƙanwata, Allah ya ba da sa'ar karatu. Ƙawarki ta fi ki bin wasan, gaskiya ta faɗa. Dokar ta ce in jifar mai tsaron fili ta wuce har igiya, ana ba da 4 sannan a ƙara gudun da aka kammala, shi kuma gudun da ake cikinsa ba a lissafa shi sai in masu bugun biyu sun riga sun gitta juna a daidai lokacin da ƙwallo ta bar hannun mai wurgowa. Da aka maimaita bidiyon sai aka ga lokacin da Guptill ya saki ƙwallo Stokes da Rashid ba su gitta juna ba tukuna. Simon Taufel, tsohon alƙalin wasa ɗan Ostireliya da ake ji da shi a harkar, ya fito ya ce kuskure ne, daga baya Dharmasena ma ya amsa cewa ya yi kuskure amma ya ce ba ya nadama, don su a fili ba su da talabijin a gabansu.

Kuma abin bai tsaya a maki ɗaya ba, wannan ne mutane ke mantawa. Da 5 aka bayar, Rashid ne zai fuskanci jifa ta gaba ba Stokes ba, suna neman 4 a jifa biyu. Ko da sun samu ko da ba su samu ba Allah masani, ni dai ba na cikin masu rantsuwa cewa New Zealand ce za ta ci, don Stokes ya buga biyun ƙarshen a hankali ne saboda ya san 3 kawai yake nema. Kyaftin ɗin New Zealand Kane Williamson, wanda shi aka ba gwarzon gasar baki ɗaya, bai tsaya zargin kowa ba ranar, wallahi ni da ni ne ban san abin da zai fito daga bakina ba. Wani abin dariyar kuma Stokes ɗin da ya hana su kofi a Christchurch aka haife shi, a New Zealand ɗin.

TAMBAYA: Malam ni fa ban taɓa jin labarin wasan nan ba sai kwanan nan, ina muke lokacin? Kuma wai da gaske akwai Musulmi a tawagar Ingila?
Daga wani mai shagon kallon ƙwallo a Gusau.

AMSA: Alhaji ai kana shagonka kana karɓar kuɗin shiga, a daren ranar ne Aljeriya ta fitar da Super Eagles a wasan kusa da na ƙarshe na kofin Afirka a Alƙahira, 2 da 1, Riyad Mahrez ya zura firikik ɗin nan a minti na ƙarshe. Wa zai saurari kurket a irin wannan dare, kowa na fama da nasa ciwon.

Musulmi kuwa akwai, Adil Rashid da Moeen Ali, dukkansu haihuwar Ingila ne 'yan asalin Pakistan, Rashid ya buga wasan ƙarshen Moeen yana benci. Akwai bidiyon da ya yi ta yawo lokacin, ana ɗaga kofi da aka fara fesa giya sai su biyun suka zame gefe da sauri. Da 'yan jarida suka tambayi kyaftin Eoin Morgan, wanda shi ma haihuwar Dublin ne a Ayalan, ko sa'ar mutanen ƙasarsu ce ta bi shi, sai ya ce ai ya yi magana da Adil ya ce masa Allah na tare da su.

Kuma kar ka ɗauka mu ba ma ciki sam. Yaranmu maza 'yan ƙasa da shekara 19 sun je kofin duniya na 2020 a Afirka ta Kudu, sannan a Janairun 2025 'yan matanmu 'yan ƙasa da 19 suka doke New Zealand da maki 2 a Maleshiya. Eh, New Zealand ɗin dai, bayin Allah. In ka ga dama wata rana da rana tsaka kafin a fara firimiya ka kunna wa yaran shagon gajeren salon nan na oba 20, awa uku ne an tashi, sai ka rubuto ka faɗa min ko sun zauna.